Babban Yatsan Malama Regina

"Sake dannawa, Malama. A hankali dai."

Damaris ta kama babban yatsan Malama Regina ta ɗora a kan gilashin. Kwamfutar ta yi ɗan ƙara, ta nuna jan layi, ta ƙi buɗewa. Tun da gari ya waye suke wannan fama, ga ruwan sama yana dukan kwano ba ji ba gani. Hannun Malama ya kumbura har zoben aurenta ya nutse cikin nama.

"Abin nan bai san ni ba kuma," in ji Malama, tana jingine da filo. "Ni sef in na duba madubi ba na gane kaina. Maman Mildred, miƙo man shafawa."

Damaris ta lakato man ta murza a yatsan, ta goge da gefen zaninta, ta hura masa iska, ta sake ɗorawa. Wannan karon layin ya koma kore. Ba ta ko tsaya yin sallama ba, ta naɗe kwamfutar a leda, ta cusa a ƙirjinta, ta fita cikin ruwan neman keke mai ƙafa uku da zai kai ta makaranta.

Ɗakunansu na jere ne a wani tsohon gida da ke bayan layin dogo a Kafanchan, bango ɗaya ya raba su. Damaris doya take soyawa a bakin kasuwa. Malama Regina kuwa gwauruwa ce, ɗanta tilo yana can kudu wurin aiki, kuma ita ke riƙe da aji shida a firamaren unguwar, ajin da Mildred, 'yar Damaris, take. Rabin iyayen unguwar ma ta hannunta suka bi.

Bara ne wani kamfani ya zo da fararen motoci ya raba wa malamai kwamfutocin hannu, kowace faɗinta bai wuce na littafin waƙoƙin coci ba. Darasi duk yana ciki. An rubuta wa malami abin da zai faɗa, da inda yara za su maimaita, har da inda za su tafa. A gefe akwai agogo, in ka daɗe a shafi ɗaya ya yi ja, rahotonka ya tafi ofis. Tsofaffin littattafai aka kwashe aka zuba a sito, gara ta samu abin yi. Don kada malami ya yi fashin aiki ko ya sayar da ita, aka ɗaure kowace kwamfuta da yatsan mai ita. Da safe ka danna ta buɗe ta rubuta ka zo, in an tashi ta kulle kanta. Wanda ya ƙirƙiro wannan dabara, ko dai bai taɓa ciwo ba, ko bai taɓa jin labarin wanda ya yi ba.

Da ciwon ƙoda ya kwantar da Malama, aka ba wata matashiyar malama, Catherine, riƙon ajin. Sai dai ga aji ga malama, ba darasi. Hedimasta, Mista Tagwai, ya buga waya har ya gaji. Amsa ɗaya ce: a kai mai yatsan Kaduna ta miƙa kwamfutar da kanta, ko a jira ma'aikacinsu ya zo bayan hutu. Shi ke nan Damaris ta zama 'yar aike, kullum da safe kafin ta hura wutar doya.

Ba don Allah kaɗai take yi ba, ita ma ta sani. Ranar Juma'ar nan za a tura makin 'yan aji shida ta cikin kwamfutar. Ajin da makinsa bai shiga ba, ba za a yi wa yaransa rajistar jarrabawar sakandare ba, sai sun maimaita. Baban Mildred kuwa ya riga ya faɗa, kuma ba ya magana biyu: in ta maimaita, to ta zauna ta taya uwarta firar doya.

Da yamma, in jiki ya ɗan saki Malama, takan kira yarinyar bakin gado.

"Faɗa mini darasin yau."

Mildred ta miƙe ta zubo Turanci tiryan-tiryan, har da tafin.

"To, me ke nan?"

Yarinya ta yi tsuru-tsuru.

"Kin gani, Maman Mildred? Aku muke kiwo yanzu. Da, in yaron bayan aji bai gane ba, ba na motsi. Yanzu agogo ya yi ja, sai in wuce in bar shi yana kallona." Ta sa aka kawo gyaɗa a faranti, ta ce Mildred ta raba wa mutum bakwai daidai. Aka yi ta fama har yarinyar ta gane da kanta, ta yi dariya. Rabon da Damaris ta ga irin wannan dariyar a kan karatu har ta manta.

Ranar Laraba ƙanin Malama, Zamani, ya zo a kan babur daga Kagoma, wandonsa duk taɓo. Yana ganin ƙafafunta ya cire hula ya zauna.

"Anti, likita ya ce Jos. Ya ce wankin ƙoda, ba gobe ba, yanzu. Na yi magana da mai mota."

"Bayan Juma'a."

"Wane irin bayan Juma'a? Gomnati ne ya haife ki?"

"In na tafi, yatsa ya tafi. Yara su yi yaya?"

"To a yanke a bar musu, mu tafi da sauran."

Malama ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. Zamani bai yi ba. Ya juyo wurin Damaris, wadda ke tsaye bakin ƙofa da kofin ruwa.

"Maman Mildred, abeg ki yi mata magana. Ke tana jin naki."

"Gaskiya ne, Malama," in ji Damaris. "Lafiya ita ce gaba."

Ta faɗa, amma a bakin leɓe. Da Malama ta girgiza kai ta ce Asabar da sassafe za ta shiga motar, sai Damaris ta ji wani sanyi ya sauka a zuciyarta, nan take kuma kunya ta rufe ta. Ta san da ta ɗaga murya, da ta yi kuka, da ta ce ita ba za ta ƙara ɗaukar kwamfutar ba, mai yiwuwa Malama ta bi ƙaninta. Ba ta yi ba. Ta koma ɗaki ta zauna tana firar doyar gobe, rana zafi inuwa ƙuna.

Ranar Juma'a ruwa ya ɗauke. Damaris ta leƙa da sassafe ta ga Malama tana barci, numfashinta yana fita da ƙyar. Jiya ba ta ci komai ba. Catherine ta ce yau ba darasi, makin kawai za ta shigar kafin azahar, don haka Damaris ta ce bari ta bar baiwar Allah ta ɗan huta. Ta shirya Mildred ta tafi makaranta, ta dama kunu, ta jira ya huce.

Da ta shiga da kofin, ɗakin ya yi shiru irin wanda ba ta saba ji ba.

"Malama. Malama, gari ya waye."

Ta ajiye kunun a ƙasa ta taɓa kafaɗarta. Da ɗumi, amma ba kowa a ciki. Kwamfutar na kan kujera a gefen gado, an jona ta da caji, Malama da kanta ta jona kafin ta kwanta.

Kan a jima gida ya cika. Matan zumuntar coci suka zo da ɗankwalayensu, suka zauna a tsakar gida suna rera waƙa ƙasa-ƙasa. Mama Rosemary, shugabarsu, ta shiga ɗakin ta rufe wa gawar ido, ta ɗaure mata haɓa da farin ƙyalle. An kira Zamani, yana hanya da motar da ya yi niyyar kai ta Jos, yanzu mutuware za ta nufa.

Mista Tagwai ya iso a kan babur, idonsa jawur. Malama ce ta koya masa karatu, kowa ya sani. Ya gaisa da mata, ya sunkuyar da kai aka yi addu'a, sannan ya yafito Damaris zuwa bayan tankin ruwa.

"Maman Mildred, Ubangiji ya ba mu haƙuri."

"Amin, sa."

Ya yi ta juya makullin babur a hannu. "Na kira kamfanin. Na ce musu ta rasu. Sun ce sai an kai takardar mutuwa Kaduna, a buɗe fayil. Shafin kuma azahar zai rufe, ba ruwan shi da kowa." Ya matso kusa. "An danna yau?"

Ta dube shi. Ya kau da kai.

"Sa, gawa ce fa."

"Na sani. Ni ba zan iya shiga ba, ɗakin mata ne yanzu. Kuma ke ce kin saba da hannun. In kin ce a'a, ba zan ga laifin ki ba. Amma aji guda ne."

Ta so ta zage shi, ta so ta ce masa shi da kamfanin duk Allah yana kallonsu. Amma bai ambaci sunan Mildred ba, kuma wannan ya fi ƙona mata rai, don ta san ya bar mata ne ta ambata da kanta. Ta tsaya tana kallon kaskon doyarta da ke kife a jikin bango. Can waje aka ji hon ɗin mota.

Ta shiga ɗakin. Mama Rosemary tana ninke zannuwa. Da ta ga Damaris ta zare kwamfutar daga caji, sai ta tsaya cak.

"Yarinya, me za ki yi?"

"Makin yara, Mama."

Tsohuwar ta daɗe tana dubanta. Jikanta ma a ajin yake. Ba ta ce yi ba, ba ta ce bari ba. Ta juya ta tsaya a bakin ƙofa, ta cika ta da jikinta, ta kama waƙar da ake yi a waje.

Damaris ta durƙusa, ta zaro hannun daga ƙarƙashin zane. Ya yi nauyi fiye da kullum. "Ki yafe mini, Malama," ta ce. Ta ɗora yatsan. Jan layi. A ranta ta ce to shi ke nan, Allah ya raba ta da abin, har ta fara mayar da hannun. Sai kuma ta ga kanta tana miƙa hannu wurin man shafawa. Ta murza, ta goge, hawayenta na ɗiga a kan gilashin tana sharewa da gwiwar hannu. Ta danna da ƙarfin da ba ta taɓa dannawa ba sa'ad da mai yatsan take iya cewa da zafi.

Layin ya koma kore. Kwamfutar ta rubuta sunan Malama Regina, ta rubuta ta zo aiki.

Damaris ta miƙa wa hedimasta kwamfutar ta taga. Ya karɓa da hannu biyu, ya tada babur. Zamani ya shigo da maza suka ɗauki 'yar'uwarsa. Da za su wuce ya tsaya gaban Damaris ya ce, "Mun gode. Ke ce kin riƙe ta har ƙarshe." Da ya mare ta da ya fi mata sauƙi.

Mata suka bi motar. Damaris ta ce kanta na ciwo, ta zauna. Samarin coci suka kawo bencuna a baro suka jera a tsakar gida saboda masu zuwa gaisuwa da yamma, suka tafi. Ba ta hura wuta ba ranar.

Bayan azahar ta ji gudun Mildred tun daga lungu. Ba a faɗa wa yara ba, hedimasta ya ce a bar kowa ya ji a gidansu.

"Mama, an tura makinmu. Anti Catherine ta ce duk mun shiga, saura kaɗan a rufe." Tana haki, tana murmushi. "Na ce wa 'yan ajinmu ai Malama ta samu sauƙi, tun da ta danna. Bari in je in gaya mata."

"Mildred."

Yarinyar ta riga ta nufi ƙofar Malama. Ta ga kwaɗo a jiki. Ta juyo ta dubi uwarta, ta dubi bencunan da aka jera layi-layi har bakin tanki.

Mildred ta tako a hankali ta zauna a bakin bencin gaba, jakar makaranta na bayanta ba ta sauke ba, ta haɗa gwiwoyinta ta ɗora hannuwa a kai, tana fuskantar rufaffiyar ƙofar.