Kiran da Koci Broadnax Yake Jira

"Koci, ajiye kwalin nan kafin shi ya ajiye ka!"

Ozella Pettway ce ta faɗa daga bayan shingen gidanta, da kwandon shanya a kunkuminta. Maƙwabcinta Lemuel Broadnax na tsaye a barandarsa cikin rigar barci da takalmin gudu, rungume da kwali, yana haki kamar wanda ya hawo tudu. Likita ya riga ya faɗa wa 'yarsa Renita cewa da wuya ya ga sabuwar shekara, amma tunda Disamba ya kama bawan Allah yake ta haɗa kaya.

"Sista Ozella, in ba taya ni za ki yi ba, kada ki tsaya min a ka. Alƙalin wasa ma sai ya hura usur yake magana."

"To ina aka nufa kuma?"

"Inda waya ta ce."

Ya ajiye kwalin, ya zauna a kansa, ya zuba wa titi ido. Ganyen bishiyar bakin gidan na saukowa ɗaya-ɗaya cikin hasken hantsi, ba iska ba komai, kamar sun gaji ne kawai da riƙo. Can ƙetaren rafi 'yan badujalar sakandare na gwajin ganguna, sautin ya zo ya koma.

Ozella ta san tarihin nan kaf, don ta sha shi a baranda shekara da shekaru, da shayi mai ƙanƙara. Ya fara ne da wanke rigunan 'yan wasan ƙwallon Amurka a wata ƙaramar kwaleji nan Mississippi, yana kwana a ɗakin ajiye hulunan kwano. Daga nan Arkansas, sai Louisiana, sai Texas, sai wani gari mai dusar ƙanƙara da ko sunansa ba ya son kamawa. Aikinsa horar da ƙartin nan na sahun gaba, masu ture-ture da kafaɗa don wani ya wuce da ƙwallo a hammata, jama'a su yi ta kiran sunan wancan. Bai taɓa zama babban koci ba. Sau ɗaya aka kira shi ganawa, ya sayi kwat sabuwa fil, aka ba wani. A sana'arsu kuwa, in an kori babba, da duk mataimakansa ake haɗawa, ko sun iya ko ba su iya ba. Kakar wasa na ƙarewa, Disamba na kamawa, sai sakatariya ta bugo waya gida ta ce shugaba na son ganinka. Shi ya sa iyalan masu horaswa ba sa zubar da kwali.

Ya daɗe da yin ritaya, gidan ma nasa ne, saya ya yi. Amma sabo turken wawa, kuma ciwon ya rikita masa shekaru. Yanzu ba ya yarda ya kwanta a gado, wai kada waya ta yi ƙara bai ji ba. A kujera yake gyangyaɗi da ita a cinyarsa.

Da azahar Renita ta shigo gidan Ozella don mayar da kwanon gurasar masara. Ko taɓawa ba a yi ba. Ta zauna ba tare da an ce ta zauna ba.

"Mama Ozella, ya cire labule. Ya naɗe cokula a jarida. In na kwance ya sake naɗewa." Ta goge ido da bayan hannu. "Mahaifiyata ta rasu farantan aurenta na cikin kwali. Ba na son shi ma ya tafi yana jiran kora."

"Kin faɗa masa gidansa ne?"

"Ni da na faɗa, likita ya faɗa, fasto ya faɗa. Cewa yake yi mu ba mu ne ofis ba." Ta ɗago ta kalli Ozella. "Muryata ya sani. Ke za ki kira, ki ce daga ofis ne."

Ozella ta ajiye abin da ke hannunta. Ita ce fa mai koyar da yara Littafi Mai Tsarki ranar Lahadi, wadda ko a sayar da kek na coci ba ta yarda a ce na jiya na yau ne.

"Yarinya, da tsufana? Ƙarya fure take yi, ba ta 'ya'ya."

"Furen muke nema, Mama. Ba zai kai lokacin 'ya'ya ba."

Maganar ta zauna mata a ƙirji. Tausayi ya kama ta, na Renita ma ya fi na uban, don ta tuna yarinyar ta taɓa ce mata ba ta da ƙawar ƙuruciya ko ɗaya, kullum a tsakiyar zango ake cire ta daga makaranta.

Da la'asar ta ja kujera kusa da tagar ɗakin girki, inda take hango falonsa tunda ya cire labule. Ta yi addu'a gajera, ta ce Ubangiji Ya rubuta mata wannan a inda Ya ga dama. Sannan ta danna lamba. Ta ji ƙarar wayar ta ƙetaro shinge. Ta ga ya zabura, ya gyara wuyan rigar barci, ya miƙe tsaye da ƙyar kafin ya ɗauka.

"Broadnax ne."

"Koci Broadnax? Daga ofishin shugaban wasanni ake magana." Ta matse murya ta hanci, irin ta matan ofis.

"Na'am, ranki ya daɗe. Mun riga mun fara haɗa kaya. Makullin mota zan kawo da safe. Yaran ƙungiya dai, don Allah a bari ni in faɗa musu da bakina."

Kalaman da ta shirya suka watse. Ta ga ya dafa kujera.

"Ba wannan ba ne, Koci. Shugaba ya ce a faɗa maka kana nan. Ba a taɓa ka ba."

Gangunan ƙetaren rafi suka taso, suka lafa.

"Har baɗi?"

"Har baɗi, har baɗin baɗaɗa. Ya ce wurin nan naka ne, ka kwance kayanka."

"Da sauran mataimakan?"

"Duka. Ba wanda zai tafi."

Ya zauna a hankali. Ta tagar ta ga ya ɗaga kai yana kallon rufin ɗakinsa kamar yau ya fara ganinsa. Ya daɗe a haka, har ta ɗauka ya manta da ita.

"Ranki ya daɗe," ya ce, muryarsa ta yi laushi, "a gaishe min da shugaba. A kuma faɗa wa sakatariyarsa gurasarta ta yau gishiri ya yi yawa."

"Ko ɗanɗanawa ba ka yi ba, tsohon banza!" Bakinta ne ya suɓuce, da muryarta ta ainihi.

Dariyarsa ta zo mata ta waya, ta kuma zo ta taga, 'yar ƙarama, haɗe da tari. Ita ma ta yi, hawaye na bin kumatunta.

"Sista Ozella."

"Na'am."

"Sake faɗa min. Da waccan muryar."

Ta share fuska da gefen riga, ta matse hanci, ta ce, "Kana nan, Koci. Ba inda za ka."

A ranar ya yarda ya kwanta a gado. Washegari ya sha miyar kaza, ya sa Renita ta kwance farantan uwarta, suka ci abinci a ciki, aka miƙo wa Ozella nata ta kan shinge. Bayan haka barci ya yi ta ɗaukarsa. In ya farka sai ya ce ya ga fili kore shar, ba kowa a kujerun kallo, yaransa duk sun cire hulunan kwano suna zaune a ciyawa. Ranar Asabar Ozella ta tafi kasuwar ƙarshen mako, ta dawo ta tarar da Renita na wanke masa hannu da kananzir, su biyun suna ta murmushi, ba wanda ya ce mata komai.

Ranar Lahadi ta dawo daga coci ta ga motar ma'aikaciyar jinya a ƙofar gidan, Renita kuma na zaune a matakalar baranda da takalman gudun a cinyarta. Ba sai an faɗa mata ya cika ba.

Ta tsaya a bakin titi, ta dafa akwatin wasiƙunsa. Sai ta ji danƙo a tafin hannunta. Farin fenti ne, bai gama bushewa ba saboda sanyi. A jikin baƙin akwatin an rubuta BROADNAX da manyan haruffa, na farko a tsaye ƙyam, na ƙarshe sun karkace suna gangarowa. Renita ta ɗago kai.

"Bai taɓa rubutawa a kowane gida ba," ta ce.

Ozella ta janye hannunta a hankali don kada ta ɓata harafin, ta haye matakalar ta zauna kusa da ita, tafin a buɗe a kan gwiwa.