Wutar Yaya

Duk unguwar Nima ta birnin Accra babu wanda bai san Baba Sayibu Falwaya ba, kuma babu wanda bai san ta inda ake tsokanarsa ba. Da an ɗauke wuta, sai masu shayin bakin babbar kwata su ɗaga murya: "Olman, tsoho, yau ma an kai ma Togo namu ne?" Shi kuwa abin nema ya samu. Sai ya gyara zama a benci, ya ɗora sandarsa a cinya, ya ɗauko zancen tun daga tushe: yadda Gana da Togo da Dahomey, wato Benin ta yau, suka sa hannu a takarda ɗaya a shekarar sittin da tara, cewa wutar madatsar ruwan Akosombo za ta ƙetare iyaka, da yadda shi da abokan aikinsa suka yi ta kafa dogayen turakun ƙarfe suna jan waya har Aflao, garin da ke bakin iyakar Togo.

"Ƙasa uku, takarda ɗaya, ba wanda ya mari wani," in ji shi. "Ku a gidanku ko kan rago aka ce ku raba, ai sai an kira liman."

Wannan rabin labarin ne, rabin da ke da daɗin faɗa a bakin titi. Ɗaya rabin kuwa matarsa Amama kaɗai ta san shi, ita ma ba ta ɗaga shi.

Wata uku bayan waccan takarda ta wuta, gwamnatin Gana ta fito da wata takardar: duk baƙon da ba shi da izinin zama ya bar ƙasar cikin mako biyu. A Nima aka yanke cibiyar Sayibu, amma iyayensa daga Ƙonni ta ƙasar Nijar suka zo, saboda haka shi ma baƙo ne. Abin da ya cece shi, wurin aikinsa na bukatar masu hawa saman turaku, sai suka samo masa izini. A ƙasan takardar akwai layi ɗaya tak, na sunan mutum guda da zai zauna a ƙarƙashinsa. Uwarsa, Inna, ba ta da takarda. Ƙanwarsa Ƙaltume, 'yar shekara sha shida, ba ta da ita. Amarya Amama ma haka, ga ta da cikin wata biyar. Sayibu ya riƙe biro har gumi ya jiƙa shi, sannan ya rubuta Amama.

Inna ba ta ce masa komai ba sai "Allah ya yi maka albarka," ta ɗaure kwanoninta a zane. Ƙaltume kuwa ko kallonsa ba ta yi ba har babbar motar ta tashi. A Aflao suka tarar da taron jama'a a bakin ƙofar iyaka a rufe, suka yi kwana tara a rana. A na tara Inna ta cika, baƙi suka rufe ta a cikin yashi. Bayan shekara biyu aikin waya ya kawo Sayibu wurin. Ya kafa turken ƙarshe na ɓangaren Gana, ya yi ta yawo yana neman kabarin, bai same shi ba.

Ƙaltume ba ta ƙarasa Ƙonni ba. Ta tsaya a zangon Lome, ta yi aure, ta haifi 'ya ɗaya, Salimatu. Sau uku Sayibu yana zuwa ƙofarta, sau uku ana aiko masa da ruwa a kofi ana cewa ba ta nan, alhali yana jin tarinta a ɗaki. Ranar da aka ja wuta gidan su Ƙaltume kuma, ta tambayi mai haɗawa daga ina wutar take. Da ya ce daga Gana, sai ta ce a tsallake ɗakinta.

"Wutar da aka bar Inna a rana saboda ita ba za ta haska mini ɗaki ba."

Mutane suka ɗauka fushin kwana biyu ne. Ba su san Ƙaltume ba. Ta tsufa da fitilar kananzir, daga baya ta koma tocila. Salimatu da ta yi boko ta sha yi mata bayani cewa yanzu ƙasashe da yawa sun haɗa wayoyinsu, wutar ta gauraye, har da ta Najeriya a ciki, ba mai iya cewa wannan ta Kawu ce. Ƙaltume ta ce in ɗigo ɗaya ya faɗa tulu, ai ruwan duka ya tashi daga aiki. Duk wannan Salimatu ce ke gaya wa Sayibu a waya, a ɓoye, shi kuma ya yi dariya ya ce taurin kan gidansu ne. In ya ajiye wayar sai ya kasa cin abinci. Abu ɗaya yake roƙon Allah: kada ɗayansu ya mutu bai ji ta ce ta yafe ba.

Wata safiyar Talata, a shekarar da cutar korona ta sa aka rufe iyakokin ƙasa, wayar ta yi ƙara yana shan koko.

"Kawu, Salimatu ce. Jikin Mma ya yi tsanani. Ta ce ka zo."

"Ita ta faɗa? Da bakinta?"

"Da bakinta. Ta ce a kira Yaya."

Shekara hamsin da ɗaya rabonsa da jin an kira shi da wannan suna. Kokon ya zube masa a riga bai sani ba.

Amama ta haɗa masa kaya kala biyu. Shi kuwa ya janyo tsohuwar jakarsa ta fata daga ƙarƙashin gado, wadda ke ɗauke da katinsa na ɗan ƙasa, da takardar yabo ta wurin aiki, da hoton ma'aikata a gindin turke, har da waccan takarda ta sittin da tara da ta yi launin ƙasa. Amama ta kalli jakar ta kawar da kai. Ya hau mota a tashar Tudu, kafin azahar yana Aflao.

Manyan motocin kaya na wucewa ɗaya bayan ɗaya, amma ƙofar mutane a garƙame take. Ya sami wata jami'a mai fara'a, ya shimfiɗa mata takardunsa a kan tebur kamar mai tallan atamfa. Ta duba su da ladabi, har hoton ma ta duba.

"Papa, na tausaya maka. Amma umarnin daga sama yake. Kaya ne kawai ke wucewa."

Sayibu ya ɗaga sandarsa ya nuna wayoyin da ke ratsa sama can gefen gari. "'Yata, kin ga waɗancan? Ni na ja su. Yanzu haka da muke magana wuta tana wucewa."

"Ita da yarjejeniyarta, Papa," ta ce tana murmushi. Ta ba shi shawara ya rubuta takardar neman izini na musamman, a aika Accra, wataƙila amsa ta zo cikin 'yan kwanaki.

Yana fitowa wani mai babur ya tare shi, dattijo mai furfura a gemu, ɗan zangon Aflao, sunansa Mubashir. Ashe Mubashir ya ji komai ta taga.

"Alhaji, bar wahala. Akwai hanya ta bayan gari, kowa shi ke bi. Mata da kifi, yaran makaranta, kowa. Minti ashirin kana Lome."

"Ba hatimi?"

"Hatimin me kuma? Ka hau kawai, chale, ɗan'uwana."

Sayibu ya rungume jakarsa ya ce Allah ya kiyaye. Mai karatu na iya cewa wauta ce, kuma wautar ce. Amma wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya gudu. Mutumin nan ya ga yadda rashin takarda ɗaya ya kwashe unguwa guda a cikin motoci. Tun daga ranar ko rasit na famfo bai taɓa yarwa ba. A ransa yana ganin in ya taka iyaka ba hatimi, wani zai dafa kafaɗarsa ya ce dama mun san baƙo ne, a hana shi komawa Nima. Ya rubuta takardar da kyakkyawan rubutunsa, ya miƙa, ya sauka a gidan limamin zango.

Laraba ya wuni a benci a bakin ofis. Salimatu ta kira da rana.

"Kawu, kana ina? Mma tana ta kallon ƙofa."

"Ina nan kusa, ina hango rufin gidajenku ma. Hatimi kawai nake jira."

Alhamis da hantsi amsa ba ta zo ba, sai Amama ta kira. Matar da ba ta taɓa ɗaga masa murya ba, ranar nan ta ɗaga.

"Alhaji, ka saurare ni. Shekara hamsin da ɗaya ina kwana ina tashi da sanin sunana ne a layin nan, ba na Inna ba. Ban taɓa cin abinci ya yi mini daɗi sosai ba saboda shi. Takarda ta cinye maka uwa, yanzu kana zaune a benci kana jira ta cinye maka ƙanwa? In sun hana ka dawowa, ni zan biyo ka. Tashi ka hau babur!"

Ya daɗe riƙe da wayar bayan ta kashe. Sannan ya miƙe, gwiwoyinsa na ƙara, ya je ya sami Mubashir a inuwar mangwaro. Mubashir bai ce masa ai na gaya maka ba. Ya dai karɓi sandar ya soke ta a gefen babur, ya taimaka masa ya hau.

Hanyar ta bi ta bayan gidaje, ta ratsa gonakin rogo, ƙafafun babur na nutsewa a yashi. Can sai Sayibu ya ga inuwar ƙarfe ta gitta a gabansu. Ya ɗaga kai ya gane shi tun kafin su iso: turken ƙarshe, ya yi tsatsa a gindi, wani ya shanya garin rogo a kan simintinsa. Daidai nan wayar ta fara ƙara a aljihunsa. Ya taɓa bayan Mubashir, babur ya tsaya.

Kukan Salimatu ya riga maganarta isowa.

"Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un," in ji Sayibu. Ya sauko, ya zauna a kan simintin. Jakar ta faɗi a yashi, bai ɗauka ba.

"Kawu, tsaya, akwai saƙo," Salimatu ta ce da ta sami numfashi. "Da safe ta tambaya ko ka iso. Na ce kana bakin iyaka kana jiran takarda. Sai ta yi dariya, wallahi har da tari, ta ce Yaya ke nan. Can ta ce, to ku kawo mini wutar Yaya, tunda ita ba ta jiran takarda."

Sayibu ya ƙara matse wayar a kunnensa.

"Ɗakin ko soket babu, Kawu. Sai da muka ja waya daga ɗakina, muka ciro ƙwan kicin muka rataya a ƙusa. Rana ta fito, ga haske ko'ina, amma ta ce a kunna. Ta yi ta kallonsa. Ta ce ashe haka take da haske. Ta ce a gaya maka ta yafe, kai ma ka yafe mata, ta bar ka a tsaye a ƙofa da yawa."

Tsohon ya fashe da kuka irin na yara, bai damu da matan da ke wucewa da kwandunan kifi suna kallonsa ba. Kuka yake na baƙin ciki tsantsa, don ya sami abin da ya roƙa, amma ta bakin wata, kuma minti ashirin ne kacal tsakaninsa da ji da kunnensa, tun ranar Talata. A samansa wayoyin na ta ɗan zuzarsu ta kullum, suna bi ta kan rogo zuwa Lome.

Mubashir ya tsince takardun da suka watse, ya karkaɗe yashin, ya tsaya riƙe da jakar.

"Alhaji, mu koma ne, ko mu ƙarasa?"

Sayibu ya share fuska da hannun riga, ya dafa ƙafar turken ya miƙe. Ya mayar da wayar kunnensa.

"Salimatu, yaushe ne jana'iza?"

"Bayan la'asar, Kawu."

"Ƙwan nan, yana kunne har yanzu?"

"Yana kunne. Mun manta da shi."

"To kada ku kashe," in ji shi. "Ku bar mini shi, ga ni nan zuwa."