Rubu'in Albashin Attahiru

"Ɗaga shi kaɗan, tarin ya sake tasowa," in ji Mero.

Attahiru ya tallafi mijinta Ladan a kan gadon igiya, takardar da ke aljihunsa tana ƙara kamar za ta tona masa asiri. Ba dubiyar maƙwabci kaɗai ta kawo shi ba.

Shekara uku ke nan da Ladan ya ci bashin jine sittin, wato fam sittin, wurin wani ɗan kasuwa a garin Kamlin, shekarar da tsutsa ta cinye auduga. Aka ce sai ya kawo mai tsaya masa. Duk ƙauyen kuwa Attahiru ne kaɗai mai albashi, shi ke gadin ƙofar ruwa a bakin tur'a, wadda ke shayar da gonaki. Ya saka farar jallabiya, ya je ya dangwala yatsa, har yana jin daɗi yau an san da shi. Da Ladan ya kasa biya, alƙali bai wahalar da kansa wajen neman manomi ba. Ya ce mai lamuni da mai bashi duk ɗaya ne, a riƙa cire rubu'in albashi kowane wata. Tun daga nan Sabuwa, matar Attahiru, ke kiransa "Baitulmali" in za ta miƙa masa tuwo da miyar da ta manta kamannin nama.

Takardar, wani marubuci ne a ƙofar kotu ya rubuta ta a kan girshi goma, ushirin jine ɗaya. In Ladan ya dangwala, kuɗin audugarsa ta bana ya tafi ga ɗan kasuwa, a sakar wa Attahiru albashinsa. Mero da 'ya'ya huɗu kuma su ci abin da Allah ya hore.

Ladan ya buɗe ido. "Attahiru, mi kaka ɓoyo? Ka dafe aljihu kamar mai ciwon haƙarƙari."

"Goro ne."

"Kai da rabonka da goro tun ran da alƙali ya san sunanka." Dariyar ta koma tari. "Hiddo ta in sa hannu. Sabuwa ta hwaɗa ma Mero wurin ɗibar ruwa."

Ya miƙo babban yatsa. Attahiru ya riƙe shi, busasshe, duk kaushin tsinkar auduga. Mero ta juya baya, tana ta gyara murfin tukunyar da ba komai a ciki.

"Na manta tawada," in ji Attahiru.

Kwalbar tana ɗaya aljihun, har ta fara yoyo.

Ran Laraba da hantsi Ladan ya rasu. Da aka ajiye makara, liman ya yi tambayar da akan yi kafin salla: "Akwai bashi a kansa. Wa zai ɗauka, mu sallace shi ba nauyi?"

Kowa ya duƙufa kallon takalminsa. Ƙanen mamaci, da ya zo daga Sinnar, ya ɗaga kai yana nazarin gajimare.

"Ni, Malam," in ji Attahiru.

"Ka tabbata? Wannan ba a janyewa."

"Malam, shekara biyu ke nan yana wuyana. Yau dai na samu shaidu."

Wani ya haɗiye dariya a sahun baya. Liman ya yi kabbara.

A gida Sabuwa ba ta ɗago daga murhu ba.

"Baitulmali, an ce ka yi jawabi a maƙabarta."

"Na yi."

"Saura wata nawa?"

"Sha huɗu."

Ta daɗe tana tuƙi. Sannan ta raba tuwon biyu, ta miƙa kwano ɗaya ta saman katanga, ta kira sunan Mero.

Washegari da la'asar layin gonar Ladan ke da ruwa. Attahiru ya murɗa ƙofar, ya tsaya har ruwan ya kai kunyar ƙarshe. Da ya dawo ya tarar da jallabiyarsa a kan igiya tana ɗiga. Sau biyu Sabuwa ta wanke ta, amma shuɗin tabon yana nan a bakin aljihu.