Ƙanƙara a Bakin Chizuru

Shekara goma sha biyu Sumie ta yi tana tuɓe kaya a gaban kyamara, a irin finafinan da ake haskawa a ƙananan silimomin bayan tashar jirgin ƙasa ta Ueno, kafin kamfani ya yarda ta shirya nata. Sharaɗin mai kamfanin ba shi da yawa. Ta saka wuraren tsiraici yadda aka saba, sauran labarin ta yi abin da ta ga dama. Amma in ta wuce kwanakin da aka ɗibar mata, namiji za a ba ya ƙarasa.

Ranar ƙarshe ta ɗaukar fim ɗin ta same su a wani tsohon masauki a lardin Chiba, tsakiyar Fabrairu ana tsananin sanyi, labarin kuwa na lokacin zafi ne. Sabuwar 'yar wasa, Chizuru, na zaune kan tabarma da riga shara-shara, ga kwanon ƙanƙara a gefenta. Haka ake yi: a cika baki da ƙanƙara, a tofar, sannan a yi magana, don kada tururin numfashi ya fito a hoto. An yi ta ɗauka ana sakewa, haƙoran yarinyar sun ƙi daina kaɗawa.

"Sumi-chan, rana fa na tafiya," in ji Tokuji, tsohon mai kyamara. "Ke a zamaninki kamar gyaɗa kike taunar ƙanƙarar."

"Shi ya sa haƙorana na gaba duk na likita ne, Toku-san."

"Ban ga sun rage miki surutu ba."

Chizuru ta miƙa hannu ga kwanon. "Zan iya, Yaya. A sake."

Sumie ta dubi leɓen yarinyar da ya koma shuɗi. Ta ɗauke kwanon, ta watsar da ƙanƙarar a tsakar gida.

"A kwashe mafitan nan, a kawo bargo. Lokacin sanyi muke."

"Rabin fim ɗin da mafici a hannu muka ɗauka," in ji Tokuji.

"Sai mu ce saurayin da ke cikin labarin ya tafi lokacin zafi, ya dawo lokacin sanyi. Ta daɗe tana jiransa. Ai ya ma fi."

"Mai kamfani fata yake son gani, ba bargo ba."

"Zai ga kafaɗa. Sauran ya gani a abin da muka ɗauka jiya."

Tokuji ya yi tsaki, ya sa ido a kyamara. Chizuru da wanda ya fito a matsayin saurayin suna cikin bargo, fuska daf da fuska, numfashinsu na haɗuwa fari a hasken taga. Tsohon ya daɗe bai ɗago ba.

"Kai," ya ce da mai fitila, "koma bayansu. Haska min numfashin."

Kafin rana ta faɗi sun gama. Suna loda kaya a mota Tokuji ya dafa gwiwa.

"Fim na gaba a watan Agusta za mu yi shi, lokacin zafi. Ƙafar nan ta gaji da sanyi."

"Wa ya ce da kai zan yi?"

"To wa kuma zai iya da ke?"