Gawar da Ta Ƙi Yin Ƙaho

Tun da nake aski a unguwarmu ta Napoli, ban taɓa ɗora aska a wuyan mai tsoron mugun ido irin maƙwabcina Fortunato ba. Ya hangi keken gawa, ko wani ya ce masa "ka yi kyau yau", sai ya miƙe manuniya da ƙaramin yatsa ya yi ƙaho, ya nuna ƙasa. Kowa a nan yana yi, amma shi har a cikin barci.

Halin nan ne ya kore masa mata. Ranar da surukarsa ta zo cin abinci ya yi mata ƙaho a ƙarƙashin tebur, tsohuwa kuwa ta gani. Matar tasa Speranza ta tattara nata ya nata, ta hau jirgin ruwa, sai Amurka wurin yayanta. Fortunato ya rame ya zama abin tausayi. Yana sonta kamar ransa, wauta ce kawai ta yi masa yawa.

Ana nan sai ga Don Eustachio ya zo aski, mutumin nan da ke ɗaukar fim a saman bene inda rana ta fi haske. Ya hango Fortunato a rakuɓe.

"Wanzami, wane ne wancan kamar yau aka tono shi? Fuskar da nake nema ke nan!"

Fortunato ya matso. "Don Eustachio, da gaske ne mutanenmu na Amurka suna kallon fim ɗinku?"

"Har turereniya suke yi."

Sai Fortunato ya ja ni gefe. "Ɗan'uwa, ta zo gidan sauƙi. Speranza za ta gan ni a kan doki da takobi, ta dawo."

Na raka shi saman benen. Babu doki. Akwatin gawa ne, da wata mata da aka ɗauko ta yi kuka a kansa.

"Aikinka ka kwanta," in ji Don Eustachio. "Ko jaki ya iya."

Fortunato ya shiga akwatin yana kiran sunayen waliyyai. Mai ɗaukar hoto ya fara juya hannun na'urarsa, matar ta ɓarke da kuka, sai ga hannun mamaci yana tasowa a hankali da ƙaho biyu.

"Tsaya! Kai, ɗan banza, ka taɓa ganin gawa tana kare kanta daga mutuwa?"

"Ai shi ya sa suke mutuwa, Don Eustachio."

Aka lulluɓe shi da mayafi, mayafin ya yi tsini biyu kamar an rufe akuya. Aka tura hannayen ƙarƙashinsa, ya gwada da yatsun ƙafa. Mai kukan ta koma dariya har da riƙe ciki. Da rana ta fara karkata, Don Eustachio ya sa aka ɗaure masa yatsu da zare, aka ɗora hannayen a ƙirji. Fortunato ya ja, ya ja, ya ji ba hali, sai tsoro ya sumar da shi. Ban taɓa ganin gawa mai kyau haka ba. Don Eustachio har sumbatar goshinsa ya yi kafin mu yayyafa masa ruwa.

Sanyi ya shigo ya wuce, shiru. Wata rana da tsaka, yana zaune a ƙofar shagona yana cin taliya, sai ga Speranza ta ɓullo cikin baƙaƙen kayan makoki, da ƙaton kyandir na kai wa kabari a hannu. Ta tsaya cak. Sannan ta sauke masa kyandirin a ka.

"Ashe ba ka mutu ba, maƙaryaci!"

"Wasa ne, Speranza! Kowa ya san wasa ne!"

"Ni sakarya ce? Na san wasa ne! Ita ma mai kukan ƙaryar na san ta, 'yar mai kifi ce. Amma da na ga an kwantar da kai a akwati, hannunka na zuba wa ido. Ina cewa yanzu zai yi, yanzu zai yi. Ba ka yi ba." Ta share ido da bayan hannu. "Na ce wa yayana, gawar gaske suka samu. Mijina da ransa ba zai kwanta haka ba."

Fortunato ya buɗe baki, taliya tana reto. Iyakar aikinsa na fim ke nan, don da Don Eustachio ya dawo neman gawa daga baya, ragowar kyandirin ya samu a ka.

Amma a ranar, na ajiye aska na yi kamar ina gyaran tawul, don ni ma idona ya cika. Ta zauna kusa da shi, ta karɓi kwanon ta leƙa.

"Dubi yadda ka rame," ta ce, "kamar gawa."

Sai ta ji abin da bakinta ya faɗa. Da sauri ta miƙe yatsu biyu, ta nuna ƙasa.