Ranar da Ummaru Ya Sauke Kaya

Ni mutum ne mai saurin rantsuwa, wannan kowa a bakin iyakar Magama ya sani. Shagona na cajin waya yana dab da shingen kwastan, inda motocin Maraɗi ke tsayawa a duba su, kuma a gaban shagon akwai wani dogon benci da ya fi shagon suna. A kansa muke zama mu uku muna wasan yaƙi a waya: ni Zunnuraini, da Dogo mai facin taya, mutumin garin Kusa, sai Ummaru. A kan Ummarun nan na yi rantsuwar da zan ba ku labarinta.

Wasan ba shi da wuyar bayani. Kowa da jaruminsa, ya sa masa sulke, ya ba shi makami. Ƙungiya biyu ta mutum uku-uku ke shiga wani kangon birni a yi tsere, a haye wata doguwar gada mai rushewa ta baya, a je a kashe dodon da ke can ƙetare. Waɗanda suka riga su ne da nasara. In ɗayanku ya mutu, duk kun fita. A gefen fuskar waya kuma akwai ma'aunin nauyi. In yana kore, jaruminka yana gudu, yana tsalle, yana mirginawa ya kauce wa sara. In ya koma ruwan ɗorawa, ya fara nishi. In ya yi ja, sai dai ya riƙa jan ƙafa. Dabarar duka ita ce ka ɗauki abin da zai kare ka, ka bar abin da zai danne ka, kuma ban taɓa ganin wanda ya kwana biyu yana wasan bai gane haka ba, in ban da mutum ɗaya.

Shekara ashirin da biyu Ummaru ya yi yana lodi a tashar nan. Ana cewa bai taɓa barin ko ƙullin kuka a ƙasa mota ta tashi ba. Direba zai ce ta cika, Ummaru ya zagaya ta sau ɗaya, ya nemi igiya, sai ka ga buhu shida sun ƙara hawa, da akuya a samansu. A daminar bara ya zame daga saman wata babbar mota, ya bugu a ƙugu. Likita ya ce kada ya sake ɗaga abin da ya fi butar alwala. Tun daga nan wasu ke lodi yana kallo, har kallon ya gagare shi, ya dawo bencina. Dogo ne ya koya masa wasan don ya rage masa zaman shiru. Da safe yake zuwa, sai la'asar ya tafi. Na san ba shi da wani wurin zuwa, shi ma ya san na sani.

To, jarumin Ummaru ba jarumi ba ne, tasha ce guda. Takubba tara gare shi, garkuwa huɗu, gatari biyu, da sulken ƙarfe a kan wani sulken. Duk abin da ya gani a kangon nan sai ya tsinta: tukwane, kujera, sarƙa, tsohon takalmi wari guda. Wata rana har ƙyauren ƙofa ya ɗauko. Ma'auninsa tun ranar farko yake ja, bai taɓa sanin wani launi ba.

Kowace Juma'a da zarar an sauko masallaci a garinsu, wani saurayi Ahmad da abokansa biyu sukan taso daga Ɗan Isa, ƙetaren iyaka a Nijar, a kan babur ɗaya, su zauna a buhunan da ke gabanmu mu kara da su a wasan. Da yake Dogo ba ya zuwa masallaci, shi ne ke tsare mini shago har mu dawo daga salla, don haka yakan riga mu shan baƙar maganarsu. Juma'a uku a jere suka cinye mu, kuma duk hanya ɗaya ce: ni da Dogo mu haye, mu juyo, mu tarar da jarumin Ummaru a tsakiyar gada yana takawa a hankali, gadar na rushewa a bayansa har ta cim masa.

Na ce masa, “Ummaru, don girman Allah ka rage kayan nan. Takobi guda ya ishe ka.”

Ya dube ni irin duban da yake wa sabon direba. “Kai Zunnuraini, ba ka san aiki ba. Ba nauyi ba ne, ɗauri ne. Kaya ba su da nauyi in an iya aza su.”

Kwana uku ya yi yana jera jakar jarumin. Masu nauyi ya sa su a layin ƙasa, marasa nauyi a sama. Gatari ɗaya hagu, ɗaya dama, don kada ya karkace. Tukwanen ya cusa su a tsakiyar garkuwoyi saboda kada su fashe. Da ya gama ya miƙo mini wayar yana murmushi. Wallahi jerin ya yi kyau, ban taɓa ganin jaka mai tsari irin wannan ba. Ma'aunin kuwa yana nan ja yadda yake.

Ya ce, “Wanda ya ƙera wasan ga bai taɓa lodi ba. Shi ke nan matsalar.”

A Juma'a ta huɗu ya zo da sabuwar dabara. A wurinmu in kaya suka fi ƙarfin mota guda, akan raba su ga masu babura, kowa ya ƙetara da nasa, a haɗu a can a sake tarawa. Fito ke nan. Ummaru ya ce fito za mu yi. Ni ban san abin da ya shiga kaina na yarda ba. Ya ɗora mini garkuwa biyu da tukwane. Ya ɗora wa Dogo gatari da kujera da ƙyauren ƙofa. Nawa ma'aunin ya yi ja, na Dogo ya yi ja, nasa kuma ko motsi bai yi ba, don kafin mu kai gada ya tsinci wata guduma. Mu uku muka jeru a kan gadar muna jan ƙafa, ta haɗiye mu gaba ɗaya.

Ahmad ya yi dariya har ya faɗo daga kan buhu. “A da kamyo guda gare ku,” in ji shi, yana nufin babbar mota, “yau kun yi ukku! Ku tahi duwan, 'yan kwastan su auna ku!”

Masu jiran mota sun taru, mai shayi ya baro tukunyarsa, har wani jami'i ya leƙo daga rumfa. Kaina ya yi zafi. Na miƙe na nuna Ummaru da waya.

“Wallahi tallahi, in aka sake cinye mu saboda kai, ka bar ƙungiyar nan, ka bar bencin nan. Na rantse!”

 Ummaru ya sunkuyar da kai yana shafa fuskar wayarsa da babban yatsa. Tun kafin in zauna na ji abin ya dame ni, amma magana ta riga ta fita a gaban mutane.

Labari bai kwana ba ya kai kunnen Abdulbaƙi, wani mai cika wa direbobi takardu, wanda ya daɗe yana son shiga ƙungiyarmu. Ranar Asabar ya fara zuwa yana ɗosana ɗuwawu a ƙarshen benci, yana wasa da ƙarar waya a sake don mu ji yadda jaruminsa ke tsalle. Kullum sai ya ɗan ƙara matsowa.

Dogo ya same ni a bayan shago. “Ka janye maganar ga.”

“Na rantse.”

“Kai da kullum cikin rantsuwa kake? Jiya ka rantse ba ka ƙara cin awara, ga mai a bakinka.”

“Wannan daban. A gaban jama'a na yi.”

“In ya bar bencin ga, ina za shi? Gida ya zamna shina kallon bango?”

 Na shiga shago na hau canza wa wayoyin mutane wuri ba gaira ba dalili.

Ummaru ya yi ƙoƙari, wannan zan shaide shi. Ranar Alhamis na gan shi ya buɗe jakar, ya zaɓi tukunya mafi ƙanƙanta, ya danna a yar. Wasan ya tambaye shi ko ya tabbata. Ya daɗe yana kallon tambayar. Sannan ya danna a'a, ya mayar da tukunyar tsakanin garkuwoyi, ya gyara mata zama.

Juma'a ta zo. Mutane sun cika gaban shagon fiye da kullum, don an ji akwai rantsuwa a ƙasa. Abdulbaƙi ya sa sabuwar hula. Aka fara. Muka ratsa kangon, Ummaru na biye da mu da ƙyar, ma'auninsa ja wur. Mutanen Ahmad suka wuce mu tun a kasuwar kangon. Da muka iso bakin gada, na ga dutsen farko ya faɗi a bayan jarumin Ummaru, sai na manta wasan waya muke yi. Na daka tsawa irin ta tasha.

“Ummaru! Sauke kaya!”

Abin da ban lissafa ba shi ne, Ummaru bai san rabin saukewa ba. A aikinsa in aka ce a sauke mota, sai an ga ƙarfen ƙasanta, a share. Yatsunsa suka hau aiki da saurin da ban san suna da shi ba. Takubba tara suka zube. Garkuwoyi, gatura, guduma, tukwane, ƙyauren ƙofa. Ina ihu, “Ya isa! Bar takobi guda!” bai ji ni ba. Ya tuɓe sulken sama, ya tuɓe na ƙasa, ya cire kwalkwali, ya cire takalmi. Cikin ƙiftawar ido jarumin Ummaru ya rage daga shi sai ɗan gajeren wando, siriri ƙwarai ashe, ga tsibin kaya a bayansa. Ma'aunin ya yi kore shar.

Sai ya taka.

Jama'a, na ga gudu a wasan nan, amma ban ga irin wannan ba. Ya wuce ni. Ya wuce Dogo. Ya tarar da mutanen Ahmad a tsakiyar gada ya bi ta tsakaninsu, ya yi tsalle ya haye kan na gaba. Babu mai saransa, amma mirginawa yake, ya tashi, ya sake mirginawa. A kan benci kuwa Ummaru ya ɗaga waya sama, kafaɗunsa na rawa, yana ihu da muryar da tasha ta yi shekara ba ta ji ba.

“Hanya! Hanya! Ku kauce!”

Dogo na cewa, “Tsaya ka jira mu!” Ni ina cewa, “Ba ka da makami, bawan Allah!” Ina! Ya sauka daga gada, ya ratsa fili, ya faɗa gaban dodo shi kaɗai. Ya ɗaga hannu ya kai masa naushi a gwiwa. Dodon ya sunkuyo ya dube shi, ya kai masa mari ɗaya. Wayoyinmu uku suka yi duhu tare.

Dariyar da aka yi a wurin har direbobin da ke layi sai da suka fito suna tambayar abin da ya faru. Ahmad yana share hawaye yana cewa bai taɓa ganin wanda ya je yaƙi da wandon wanka ba. Abdulbaƙi ya gyara hula, ya matso tsakiyar benci. Ni kaɗai ne ban yi dariya ba. An cinye mu, saboda shi ne kuma, babu mai musu.

Ummaru ya dafa gwiwa ya yunƙura. Tashinsa hawa biyu ne tun da ya faɗo: ya ɗago rabi, ya huta, ya riƙe ƙugu, sannan ya miƙe. Ya shiga shago ya zare cajarsa daga inda take tun bara, ya naɗe igiyarta a hannu a tsanake, ya ɗaure ta tam.

Ya ce, “Rantsuwa ce, ba ni ja da ita. Allah shi ba mu alheri.”

Ya yi taku kamar biyar, sai ya tsaya ya juyo da dukan jikinsa, don ƙugun ba ya barinsa ya waiga. Na zaci zagi zai yi, kuma da na karɓa. Sai na ga fuskarsa a washe, idanunsa na ƙyalli.

“Amma Zunnuraini, ka ga gudun ga? Tsakani da Allah, ka gan shi? Ashe haka a ka ji.”

Ya juya ya ci gaba, yana jan ƙafar hagu, hannu ɗaya a ƙugu.  Kunya ta kama ni, irin wadda ban taɓa ji ba a gaban mutane. Na dubi Dogo.

“Kaffarar rantsuwa, mutum nawa ake ciyarwa?”

“Ni kake tambaya? Ni da ke tsare maka shago ran Juma'a?”

Ahmad ne ya amsa, kuma dariyar ta bar fuskarsa. “Miskinai goma. In ba ka da hali, azumin kwana ukku.”

Na ce wa Abdulbaƙi ya koma ƙarshen benci inda yake. Sannan na bi Ummaru. Ban yi gudu ba, don babu buƙata. Kafin ya kai rumfar mai shayi na cim masa, na karɓe cajar daga hannunsa, muka juyo tare a irin tafiyarsa.