Dariyar Mainasara a Ɗakin Majigi

A kan farin allo, wata 'yartsana mai jan kallabi ta faɗa kogi ta zama kifi. Attajirin da ya zo neman aurenta, shi ma ɗan katako ne mai tumbi, ya yi tsaye a bakin ruwa da furanni a hannu.

Malam Mainasara ya ƙyalƙyale da dariya. Tafinta ne a ofishin jakadancin Nijeriya na Alƙahira, kuma shi ya samo katin shiga kallon gajerun finafinan tatsuniya da mutanen Chekoslobakiya suka shirya. Ya zo da abokin aikinsa Bukar, da ƙanwar Bukar ɗin, Rabi'atu, bazawarar da ta zo ƙaro karatu a Giza. Tun bayan azumi yake nemanta, yayanta kuwa har ya ce ya ba shi.

Rabi'atun ce dai ba ta ganuwa. In ya je gidansu a Ma'adi, ko tana salla, ko kanta na ciwo, ko ta hau sama wurin maƙwabciya. Sai ya koma gida yana murmushi, wai kunya ce irin ta matan da, wadda ta yi wuya yanzu. Mutum ne mai saurin gaskata abin da ya yi masa daɗi.

A kan allo, attajiri ya kawo komar kamun kifi, kifi ya zama zomo. Ya saki karnuka, zomo ya zama tsuntsu.

"Wannan bawan Allah ba shi da zuciya," in ji Mainasara, yana share hawayen dariya. "Mace tana ta rikiɗa don ta guje maka, ai ko makaho ya gane ba a yi da shi."

Bukar ya yi tari, ya hau gyaran hula. Rabi'atu ba ta ɗauke ido daga allo ba.

"Ƙila ya ɗauka kunya ce, Malam," ta ce a hankali.

Kunya ta lulluɓe shi har ya ji kamar ya nutse cikin kujera. Bai san yadda labarin ya ƙare ba, fatansa kawai kada a kunna fitila.

Da suka fito la'asar ta yi, ya tare musu tasi.

"Yalla, shigo mana," in ji Bukar.

"Ma'alish, ba komai, ku tafi." Mainasara ya sunkuya a taga, murya ƙasa-ƙasa. "Maganar nan tamu, Malam Bukar, a bar ta haka."

Bai iya duban kujerar baya ba. Daga can ya jiyo muryarta a sake, da fara'ar da bai taɓa sanin tana da ita ba.

"Mun gode ƙwarai, Malam. Allah ya saka da alheri."